Malama Arba'in da Muryar Aro

A bayan shagon gyaran kwamfuta, in ka wuce teburin da aka jibge matattun firintoci, ka sunkuya ƙarƙashin wayoyin da ke lilo daga silin, akwai wata ƙofa da ba ta rufuwa sai an tallafe ta da ƙafa. Nan ne ajin Malama Arba'in. Ɗaki ne da a da ake ajiye kwalaye a ciki. Tebur ɗaya ne dogo, da kujeru huɗu da ba biyu masu kama da juna, da kwamfutoci uku da ƙaninta, mai shagon, ya harhaɗa daga gawarwakin wasu. Biyu daga ciki ko sikirin ba su da shi. Ƙwan fitilar ɗakin ya mutu tun bara, kuma har yau ba wanda ya kai ƙara.

Makafi take koya wa kwamfuta, ita ma kuma makauniya ce.

Ba da makanta aka haife ta ba. Shekara goma sha ɗaya ta yi tana buga tafireta a wani ofis, har ta kai tana hira da na kusa da ita yatsunta na gudu ba ta dubi takarda ba. Sai hawan jinin ido ya fara cin ganinta daga gefe, kamar ana matse ƙofa a hankali. Ranar da ta kasa karanta rubutun maigidanta, ba wanda ya tambaye ta ko akwai abin da za ta iya har yanzu. Aka haɗa mata ɗan taro, aka yaba mata, aka ba ta kyautar agogon bango. Har gobe in ta tuna agogon sai ta yi dariya, amma dariyar ba ta daɗewa.

Ta yi shekaru a gida. Ƙaninta, wanda har ya yi furfura ba ta daina kiransa Auta ba, shi ya zo mata wata rana da labarin wata manhaja mai karanta wa mutum duk abin da ke kan sikirin da murya. Ka danna harafi, ta faɗe shi. Ka buɗe wasiƙa, ta karanta maka. Ya zaunar da ita, ya ɗora hannunta a kan madannai, yatsunta suka koma mazauninsu kamar jiya suka tashi. Ta rubuta sunanta, wata murya mai taushi ta mayar mata da shi. Ta ce ya fita ya ba ta wuri tukuna.

Sai dai muryar ta kuɗi ce, kuma kuɗin lasisinta ya fi ƙarfin duk wanda ke wannan layin. Masu ita sun bar wata ta gwaji: tana magana minti arba'in cif, sannan ta yi sallama ta yi gum, sai an kashe kwamfutar an sake kunnawa. Akwai kuma ta uku, wadda Auta ke yawo da ita a filashi cikin aljihu, fasasshiya, wadda wasu gwanaye suka ɓalle wa makulli. Wannan ba ta gajiya. Ita ya so ya sa mata tun ranar farko, kamar yadda yake sa wa masu ɗaukar hoto da masu zanen gini nasu manhajojin, ba wanda ya taɓa tambayarsa daga ina.

Ta ƙi.

"Auta, ni kullum a hannun mutane nake," in ji ta. "In na miƙa takarda a karanta mini, abin da aka ce an rubuta shi na sani. In direba ya ce mun iso, sai in sauka. Da gaskiyar mutane nake tafiya. To ni kuma sai in shiga gidan wasu ta taga don ba sa kallo?"

"Yaya, mutanen nan ko sanin kina duniya ba su yi ba."

"Ni na san suna nan ai."

Da ta buɗe aji, sai ta gina komai a kan minti arba'in ɗin nan. Ta samo ɗan agogon girki mai siffar ƙwai, ta ɗiga masa kakin kyandir a daidai talatin da takwas don yatsanta ya gane wurin. Da ya yi ƙara, sai ta ce, "A adana," kowa ya adana aikinsa, muryoyin su yi sallama ɗaya bayan ɗaya. Tsofaffin kwamfutocin kan ɗauki minti shida kafin su farfaɗo. A cikin minti shidan nan take koyar da abin da ba ya cikin manhaja: yadda za ka sa hannu a kan layi da taimakon gefen kati, yadda za ka ce wa mai jan hannunka ya sassauta ba tare da ka ɓata masa rai ba, yadda za ka amsa wa wanda ya tambayi matarka abin da kake so alhali kana tsaye a wurin. Ɗalibanta ne suka laƙaba mata Arba'in. Ta yi kamar ba ta so, amma tana amsawa. Shekara tara ta yi a haka, kuma in gaskiya za a faɗa, tana ɗan alfahari da shi. A duk layin, daga mai buga katin gayyata har mai sa wa wayoyi waƙoƙi, ita kaɗai ce ba ta aiki da kayan sata, kuma takan bari a san da haka.

Sai Akawu ya zo.

Mutum ne mai shekara hamsin da biyu, ya yi ashirin da huɗu yana riƙe da fayilolin wani kamfanin sufuri, ciwon suga ya ɗauke masa gani cikin shekara ɗaya da rabi. Matarsa ke kawo shi, rigarsa a goge, biro biyu a aljihun gaba ko da yake ba ya rubutu da su. Da farko ba ya son a ce masa makaho, yakan ce idonsa ne ke ɗan damunsa. Malama ba ta yi masa gardama ba. Ta dai ba shi kujerar da ba ta girgiɗi, ta bar shi. Cikin wata huɗu ya zama ɗalibin da ya fi kowa sauri.

Wata rana ya shigo bai zauna ba. Ya ce kamfani ya yanke shawara. Nan da kwana ashirin za a gwada shi a gaban manaja: wasiƙu uku zai buga daga muryar da aka naɗa, ya kuma shigar da jerin motoci cikin jadawali. In ya iya, ya ci gaba da aiki. In ya kasa, ritaya. An ce ya zo da na'urarsa, tunda kwamfutocin ofis ba sa magana.

"Ai wannan ba komai ba ne a wurinka," in ji Malama. "Zan ara maka kwamfutata ta hannu. Minti nawa suka ba ka?"

"Awa ɗaya."

 Ba minti shidan da zai rasa ne ya dame ta ba. Abin da ta hango shi ne manaja a tsaye, yana kallon mutum zaune hannu a cinya gaban matacciyar kwamfuta, yana ƙiyasta sau nawa hakan zai faru a yini. Ta san irin wannan kallon, ko da yake ba ta ga wanda aka yi mata ba.

Auta, da ke jin komai daga shago, ya leƙo da sukudireba a hannu.

"Yaya, minti biyar. In sa fasasshiyar, ya je ya ci jarrabawarsa, ya dawo in goge. Ko ƙura ba za ta tashi ba."

"Ka san amsata."

"Na san ta. Shekara tara ina jin ta, har na haddace. Amma yau ba ke za a kora ba. Ki gaya mini, me masu manhajar za su rasa? Da can saye za ki yi? Ba za ki saya ba, ba zai saya ba. Ba buhu ba ne da in na ɗauka zai ragu a rumbunsu. Su suna can suna shan sanyin ofis, shi kuma ya koma gida ya zauna a tabarma."

 Ta ce mutane ne suka zauna suka yi aikin, suka ce ga sharaɗinsu, kuma doka na bayansu. Auta ya ce dokar da ta sa wa makaho kuɗin karanta wasiƙarsa, a kai ta gyara. Ta juya wajen Akawu.

"Kai me ka ce?"

Ya daɗe yana murza biron aljihunsa. "Malama, ni dai 'ya'ya biyar gare ni," ya ce a hankali.

Washegari da hantsi, kafin ɗalibai su zo, Auta ya shigo yana wata tafiya ta mai ɗauke da albishir. Ya ja kujera ya zauna daf da ita.

"Yaya, ranar da na sa miki ta gwajin nan, kin tuna wani dogon rubutu da ya fito, kika ce in danna 'na yarda' mu wuce?"

"Kowa ma haka yake yi."

"To jiya na zauna na karanta shi, don ke. Kin san abin da ya ce? Ta gwajin, don mutum ya ɗanɗana ne ya ga ko zai saya. Ba a yarda a yi sana'a da ita ba, ba a yarda a koyar da ita ba. Kashewa da kunnawar nan da kike yi, zagaye katanga ne. Ni ta taga nake shiga, ke ta ƙofar baya. Sannu, abokiyar sana'a."

Yana jiran ta yi masa tsawa su yi dariya kamar kullum. Ba ta yi ba. Ta ce ya buɗe mata rubutun ya tashi.

Ta sa muryar ta karanta mata da bakinta. Muryar nan mai taushi, wadda ta mayar mata da sunanta shekara tara da suka wuce, ta shiga jero sharuɗɗa da harshen Nasara, sakin layi bayan sakin layi, ba gaggawa ba fushi. A na goma sha huɗu ta faɗi abin da Auta ya faɗa, kalma da kalma. Malama ta mayar da ita baya, ta sake ji. Ta sake. Ba ta kai ƙarshen rubutun ba minti arba'in suka cika, muryar ta yi mata sallama cikin ladabi, ta yi shiru.

Ta zauna a haka. Abin da ya fi yi mata ciwo ba laifin ba ne. Ita da ke koya wa mutane kada su sa hannu a takardar da ba a karanta musu ba, ita ce ta ce a danna a wuce, alhali mai karantawar na gabanta. Ta tuna tsohon ɗalibinta da ya gaya mata ya sa fasasshiya a gida, da irin shirun da ta yi masa har ya ji kunya ya tafi.

Auta ya dawo, muryarsa ta sauka. "Yaya, wasa fa nake. Tunda duk kanwar ja ce, bari kawai in sa."

"Don na gano ƙafata ɗaya na cikin taɓo, sai in tsoma ɗayar? Ina waccan ta kyautar da ka taɓa kawo mini?"

"Mai muryar gwangwani? Wadda kika ce kamar agwagwa ce ta faɗa rijiya?"

"Ita."

Akwai wata manhajar, wadda wasu masu sa-kai suka rubuta suka bar wa kowa. Shekaru da suka wuce Auta ya nuna mata, ta saurara na minti biyu ta ce a cire. Muryar ba daɗi, kuma maɓallan umarninta dabam suke, sai mutum ya warware abin da yatsunsa suka saba ya sake ɗaurawa. A lokacin ta ce ba ta da inganci. Yanzu ta faɗa wa kanta gaskiya: son jiki ne, da jin cewa ta girme wa zama ɗaliba.

Kafin ya sa, ta ce sai an karanta lasisinta daga farko har ƙarshe, kuma yana zaune. Gwangwanin ya yi ta ƙara kusan rabin awa, Auta na hamma yana cewa kwastomomi na jira. Da aka gama ta tambaye shi, "Ka ji inda aka hana koyarwa?" Ya ce bai ji ba. Ta ce ita ma. Sannan ta buga wa masu tsohuwar manhajar imel, ta gaya musu ko ita wace ce, da abin da ta yi shekara tara tana yi ba da sani ba, da cewa daga yau ta daina. Auta ya ce wannan kai kai ne ofishin 'yan sanda ba a kira ka ba. Ta aika.

Da Akawu ya zo da yamma, ba ta ɓoye masa komai ba.

"Kwana goma sha tara ya rage. Abin da zan koya maka, ni ma ban iya ba tukuna. Zai yiwu ka fi jinkiri da ita ranar gwajin. In ka ga ka karɓi ta wajen Auta a wata kwamfutar, ba zan riƙe ka a zuciya ba, kuma kujerarka na nan. Aikinka ne, ba nawa ba."

Ya ce zai yi tunani. Ta kwana da sanin cewa in ya faɗi, tana da hannu a ciki.

Da safe ya riga ta zuwa. Ya ce ya yi shawara da matarsa. A kamfaninsu akwai mai duba kwamfutoci, mutum mai bin ƙwaƙƙwafi, kuma in aka bar shi a aiki ai kullum da manhajar zai yi aiki, ba ranar gwaji kaɗai ba. In aka gano fasasshiya ce, ba ritaya za a yi masa ba, kora ce da takarda.

"Kuma shekara ashirin da huɗu ko biron kamfani ban taɓa kaiwa gida ba," ya ƙara da cewa. "Waɗannan na aljihuna ni na saya. Amma Malama, kada ki ɗauka waliyyi ne ni. Tsoron ya fi yawa."

"Zauna. Ni ma jiya aka sauke ni daga waliyyantaka."

Haka suka yi kwanakin. Ta koya da safe, ta koyar da yamma, tana gabansa da darasi ɗaya tak, wani lokacin ma shi ke gano maɓallin kafin ita. Yatsunta masu shekara sittin suka yi ta komawa tsohuwar hanya, ta rufe fayil tana nufin buɗewa, ta yi tsaki, ta sake. Sauran ɗaliban suka yi ta kwaikwayon agwagwar har ta daina ba su dariya. Auta ya gano yadda ake rage mata kaifi da ƙara mata sauri, ya zo ya gyara ba a roƙe shi ba, yana gunaguni cewa shi dai bai taɓa ganin inda aka bar hanya aka bi ƙaya da gangan ba. A kwana na goma sha biyu kunnen Akawu ya saba da muryar. Amma jadawali na ba shi wuya har ranar ƙarshe, kuma saurinsa bai koma yadda yake a da ba.

Ranar gwajin, Malama da matar Akawu suka zauna a benci a barandar ofis. Ƙofar ɗakin ba ta rufu sosai ba. Matar ba ta jin komai sai ƙarar fanka, amma Malama na jin komai: gwangwanin na ta zuba, madannai na amsawa. Ta san lokacin da ya gama wasiƙar farko. Ta ji ya yi kuskure ya goge, ya koma. Ta ji ya shiga jadawali, bugun ya rage gudu, ya zama ɗaiɗai kamar ɗigon famfo.

Sai ta ji bugu biyu da ta sani sarai, na adanawa. Daga nan shiru.

Ba ta buƙaci agogo ba, jikinta ya san minti talatin da takwas ne. Nasa ma ya sani. Wata huɗu ta yi tana horar da shi a kan haka, ga shi ya janye hannu ya ɗora a cinya yana jiran murya ta yi sallama, a gaban manaja. Ta miƙe tsaye. Matar ta riƙo mayafinta.

"Malama, lafiya? Ta lalace ne?"

"Ba ta lalace ba. Ni na lalata shi."

Ba ta da ikon shiga. Ta tsaya tana ƙirga numfashinta. Minti ɗaya ya wuce. Ta ji manaja ya gyara murya, ya ja kujera. Ana cikin na biyu sai ta ji bugu ɗaya, mai taka-tsantsan, irin na mai taɓa ƙofa ya ji ko da mutum a ciki. Gwangwanin ya amsa. Aka ɗan yi jim, sai ta ji wata gajeriyar dariya ta Akawu, sannan madannai suka ɓarke da gudu irin wanda ba ta taɓa ji daga hannunsa ba. Ta koma ta zauna.

Bai gama duka ba. Jadawalin ya cika, wasiƙu biyu sun kammala, ta uku ta tsaya a tsakiyar gaisuwar rufewa. Ya fito da takarda a hannu, gumi ya jiƙa masa wuyan riga.

"Sun ce in dawo ranar Litinin," ya ce. "Amma na wata shida tukuna, su gani. Ga takardar, wai in sa hannu yanzu."

Malama ta lalubo hannunsa, ta zare biron daga yatsunsa, ta mayar masa aljihu.

"Shafi nawa ce?"

"Huɗu," in ji matar.

"To a gaya musu gobe. Mu je shago Auta ya ɗauki hotonta, agwagwa ta karanta mana. Duka huɗun."

Amsar masu tsohuwar manhajar ta zo bayan wata biyu, layi uku: sun gode, ga farashinsu na makarantu. Ba su ce uffan kan shekara taran ba, ba su yafe ba, ba su tuhuma ba. Ta sa aka buga ta aka manna a bangon aji, inda ba mai iya ganinta sai Auta. Shi kuwa bai bar sana'arsa ba, filashinsa na nan a aljihu, kuma har yanzu suna gardamar buhu da rumbu in shago ba kowa, ba wanda ya ka da wani. Sai dai ya sami filashi na biyu ya ɗaura masa jan zare, kuma duk wanda ya zo neman fasasshiyar manhaja, yakan fara tambayarsa ko ya san akwai ta kyauta.

Agogon ƙwan yana nan kan tebur, da ɗigon kakinsa. Muryoyin ba sa mutuwa yanzu, amma da ya yi ƙara takan ce a adana, kowa ya janye hannu. Ta ce minti shidan nan nata ne, ba a cikin lasisin kowa suke ba.